Gwiwar da Ban Dawo da Ita Ba

A gidanmu na unguwar Gawon Nama, a Sakkwato, babban ɗa ne ke sa ubansa a kabari. Ba wai addini ne ya ce sai shi ba, malamai ma za su gaya maka kowane ɗan'uwa na iya yi, amma mu haka muka taso muka tarar. Baba ne ya sa Kaka, Kaka ya sa nasa uban, ni kuma ni ne babban ɗan Baba. Baba mahauci ne, ba mai yawan magana ba, amma labarin ranar da ya shiga kushewar Kaka sai da muka haddace shi kaf: yadda ya durƙusa ya tallabi kansa, ya juya fuskarsa gabas, ya sassauta ɗaurin likkafani. In ya kai ƙarshe sai ya nuna ni da wuƙar da ke hannunsa ya ce, "Kai za ka sa ni." Ni kuma sai in ce to, hankalina na can wajen ƙwallo.

Ƙwallo kam na buga ta, ba yabon kai ba. Ɗan tsakiya ne ni, mai lamba shida. Waɗanda ba su san wasa ba, ɗan gaba kawai suke gani, shi da zai yini a tsaye kamar mai jiran mota, ƙwallo ta zo ta bugi ƙaurinsa ta shiga raga, a ɗauke shi a kafaɗa. Wa ya ƙwato ta? Wa ya bi ɗan wasan can tun daga tsakiyar fili har ya gaji ya saki? Ɗan tsakiya jakin ƙungiya ne, shi ke ɗaukar kayan kowa, kuma in an ci ku shi koci zai fara zagi. Har yau in na ji yaran majalisa suna musun wanda ya fi cin ƙwallaye sai raina ya ɓaci, in tashi in bar musu wurin. Amma ina son aikin, wallahi ina son shi. Babu abin da ya kai daɗin ka karɓe ƙwallo a ƙafar mutum ba tare da ka taɓa shi ba, ka ɗaga kai, ka ga hanyar da babu wanda ya gani a filin sai kai.

Ranar da wata ƙungiya ta wata jiha ta ɗauke ni, Inna ta yi ta kuka a tsakar gida. Na je kasuwa in yi wa Baba sallama, na same shi yana sarar ƙashi. Na ɗauka zai hana, har na shirya abin da zan faɗa. Bai hana ba. Ya ajiye gatarin, ya dube ni daga sama har ƙasa yadda yake duban bijimin sa kafin ya yi ciniki, ya ce, "Tahi. Amma ƙahwahun ga biyu da za ka tahi da su, ka maido mani su." Na yi dariya na ce, "Baba, ai da su zan ci abinci, ina zan bar su?" Shi bai yi dariya ba. Ƙanena, wanda ke bi na, yana gefe yana wanke tebur. Tun daga ranar shi ya tsaya a wurin da ya kamata in tsaya.

Na yi yawo. Na buga a arewa, na buga a kudu, na ɗan leƙa ƙetaren iyaka na dawo. Mun kwana a mota, mun buga a filayen da suka fi daɓen siminti tauri, mun buga a garuruwan da in kuka ci masu gida sai 'yan sanda sun fitar da ku. Kanawan ƙungiyarmu ba su da aiki sai kwaikwayon Sakkwatancina, ni kuma in rama a atisaye, in hana su taɓa ƙwallo har sai sun ba da haƙuri. Baba bai taɓa zuwa kallona ba, ko da muka zo Sakkwato wasa. Amma ƙanena ya ba ni labari, in mai sayen nama ya ce, "Jiya na ji sunan ɗanka a rediyo," gyaran da Baba zai ƙara masa ya fi na kowa tsoka.

Gwiwar ta tafi ne a wani wasa da damina. Babu wanda ya yi mini ƙeta, da ma akwai, da na sami wanda zan ɗora wa. Takalmina ya kafe a taɓo, jikina ya juya, ƙafar hagu ba ta juya ba. Na ji ƙas! a cikin kaina kafin in ji zafin. Aka yi mini aiki, aka ce in je gida in huta.

Ina gida ina ɗingishi, wata rana Baba ya dawo daga kasuwa da ƙafar bijimin sa a leda. Na ɗauka ta miya ce. Ya zauna gabana a zaure, ya sa wuƙa ya buɗe gaɓar, ya nuna mini farin guringuntsin nan mai santsi da ke kan ƙashi. Ya ce, "Ka ga wanga farin abu? Shi ka hana ƙashi cin ƙashi. In ya cinye ba ya tsirowa. Naka ya soma. Zamna gida hakanan, ga tebur, ya ishe ku ku biyu."

Ni da bakina na ce, "Haba Baba, ni sa ne?"

Ya naɗe ƙafar ya miƙa wa Inna. Bai sake tayar da maganar ba, ni kuma ƙafa na yin dama-dama na ɗauki jakata na koma.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne, shekarun da suka biyo baya su ne mafi daɗi a wasana. Da a ce wahala na sha, da na ce na ga sakamako. Ina! A lokacin ne aka ba ni kyaftin. Gudu ya ragu, amma ido ya buɗe, ina tsaye a tsakiya ina rarraba ƙwallo kamar mai rabon naman suna. Kafin kowane babban wasa sai mai kula da lafiyarmu ya zuƙe ruwan da ya taru a gwiwar, ya yi mini allura, in shiga fili ban jin komai. Washegari kuwa sai an kama ni zan sauka daga gado. Na san abin da nake ci. Na ga farin abun nan da idona a hannun Baba, kuma duk allurar da aka yi mini sai na tuna shi. Sai in ce kakar wasa ɗaya dai, daga ita na bari. In ta ƙare in ce ɗaya kuma.

Babu wani biki da aka yi mini na barin ƙwallo. Mun dawo daga wasa, mota ta tsaya, kowa ya sauka, ni na kasa taka matakalar. Shi ke nan. Likita ya duba hoto ya ce ƙashi ya haɗu da ƙashi, gwiwar ba za ta ƙara lanƙwasuwa yadda take yi ba. Na dawo Gawon Nama da rigunan ƙwallona a jaka, da hotuna, da ƙafar hagu da ba ta naɗuwa sai ɗan kaɗan.

Tafiya ina yi. Babur ma ina hawa, in miƙe ƙafar gefe, yara suna dariya. Durƙuso ne ba na iyawa. A masallacin unguwa aka ajiye mini farar kujerar roba a ƙarshen sahu, kuma Baba kullum nan kusa da ni yake tsayawa. Ka duba wannan abu: tsoho mai furfura fat yana kai goshinsa ƙasa, yana tashi ba tare da ya dafa kowa ba, ni ƙato ina bisa kujera ina sunkuyar da kai. In ya yi sujada, tafin ƙafarsa nake gani, duk faso. Sau da yawa ban san abin da liman ya karanta ba saboda kunya.

Da ma ya yi mini faɗa. Da ma ya ce, "Ban gaya maka ba?" in sami abin da zan yi fushi da shi. Bai taɓa ba. Abu ɗaya kawai ya canja: ya daina ba da labarin kushewar Kaka. Jikoki su taru, ya ba su labarin shanun da suka taɓa ƙwacewa a mahauta, ya ba su na tafiyarsa Makka, amma wancan ya ɗauke shi ɗungurungum. Na gane don ni ya bari, kuma shirun ya fi mini zagi ciwo.

Da jikinsa ya fara ƙi, ya daina zuwa kasuwa, abinci sai ɗan kunu, sai tsoro ya kama ni. Kowa na tsoron rasa shi, ni ina da tsoro biyu. Ranar na zuwa, za a ce ina babban ɗa, ni kuma in yi yaya? Kabarinmu hawa biyu ne. Akwai uwar kabari, mai faɗi, zurfinta kamar zuwa gwiwa, sannan a tsakiyarta a haƙa ɗan kabari, siriri, daidai kwanciyar mutum a gefensa na dama. Mai sa gawa a cikin uwar yake durƙusawa, a ɗan gefen da ya rage, ya sunkuya ya kai mamaci ƙasa a hankali. Wurin ba ya ɗaukar miƙaƙƙiyar ƙafa. Aikin duka na gwiwa ne.

Sai na yi abin da na iya, na koma atisaye. Wani abokina na da gona a Dundaye, a bakinta akwai rami da aka ɗebi ƙasar gini. Kullum da safe in hau babur in tafi, in cika buhu da yashi, in shiga ramin, in rungume buhun in gwada kai gwiwa ƙasa. Ta dama ta sauka lafiya lau. Ta hagu ta tsaya cak a rabin hanya, in na matsa mata sai wani zafi ya taso har cikin haƙorana, in kife, ni da buhu. Manoman da ke wucewa suna ɗaga mini hannu, "Kyaftin, komawa za a yi?" In ce, "Awo, kun ga ana nema na." Su yi dariya su wuce, ni in zauna a ramin in zagi gwiwar, in zagi allura, in zagi kaina.

Gwiwar ta kumbura ta yi kamar kabewa. Na dawo wata rana ina jan ƙafa, Baba na kwance a tabarma a zaure. Ya ce, "Ina kaka zuwa da sahe haka?" Na ce motsa jiki. Ya dubi wandona da jar ƙasa ta ɓata a gwiwar dama kaɗai, ya dubi ta hagun da take fes, ya daɗe yana kallo. Sannan ya ce in miƙo masa buta.

Ƙanena ma ya lura. Ya same ni a ƙofar gida, ya yi ta kewaye-kewaye, can ya ce, "Yaya, in Allah ya kawo lokacin, ka bar mini kawai. Ba wanda zai ga laihinka." Kai, ranar na yi masa tas. Na ce ashe jira yake, tebur bai ishe shi ba sai ya haɗa da wannan? Na ce ina raye ba wanda zai shiga gabana. Ya tsaya yana kallona, hannuwansa duk sāran wuƙa, mutumin da ya riƙe gidan duk shekarun da nake yawon filaye, shi ya kai Baba asibiti, shi ya san maganin safe da na yamma. Ya ce, "Allah ya ba ka haƙuri, Yaya," ya shige. In gaskiya za a bi, ya fi ni cancanta nesa ba kusa ba. Sanin hakan ne ma ya sa na yi masa ihu.

Bayan 'yan kwanaki Baba ya ce a kai shi maƙabarta ya ziyarci Kaka. Muka ce jikinka ba ƙarfi, ga rana. Ya kafe. Na tashi zan ɗauko hulata, ya ce, "A'a, kai zamna. Ƙanenka ya isa." Suka tafi a Keke Napep, suka daɗe. Na zauna a zaure raina a jagule, na ce shi ke nan, ya zaɓa, ya kai shi ne ya nuna masa yadda ake yi. Da suka dawo na ga bayan rigar Baba duk ƙasa. Na tambayi ƙanena ko faɗuwa ya yi, ya ce a'a, Baba dai ya sa shi ya jira a bakin ƙofa, ya shiga shi da tsohon da ke haƙa kabari. Ban ƙara tambaya ba, don ina fushi da su duka biyun.

Baba ya rasu da hantsi, cikin bazara, ana zafin nan na Sakkwato da ke sa kwalta ta yi laushi. Aka yi masa wanka, aka yi masa sutura, aka sallace shi a ƙofar gida, ni a kan kujerata a gefe saboda ƙafar ta ƙi ɗaukata tsaye. Na haɗiyi ƙwayoyin kashe zafi, na ɗaure gwiwar tamau da bandeji kamar zan shiga fili. Aka ɗauki makara.

Masu ɗaukar makara sauri suke yi, kowa ya sani. Tun ina ganin bayansu har na daina. Ni da na yi shekaru ba a tsere mini, ga ni a baya tare da tsofaffi masu sanda, har su ma suna wuce ni. Wani ya tsaya da babur ya ce in hau, na ƙi, don taurin kai. A wannan tafiyar na yanke shawara. Na ce in na shiga na kife da Baba a hannuna fa? In na sake shi ya bugu? Girman kaina bai kai nan ba. Zan isa in ce wa ƙanena ya shiga, in tsaya a sama in miƙa itace. Ina tafe ina kuka, mutane na ce mini sai haƙuri, ba su san kukan kashi biyu ne ba.

Na isa na tarar an ajiye makara ana jira. Jama'a suka buɗa mini. Na nemi ƙanena da ido, na buɗe baki ke nan, sai tsohon da ke haƙa ya ce, "Ina babban ɗan? Taho nan."

Na matsa na leƙa. Ɗan kabarin daidai yake, siriri kamar na kowa. Amma uwar ba irin wadda na sani ba ce. Ta gefe guda an buɗa ta sosai, an share ƙasan ya yi sumul, ga kuma ɗan tudu an bari kamar matakala.

Tsohon ya rage murya ya ce, "Shi yaz zo da kai nai. Yac ce in an tashi gina tashi a buɗa ta wajen ga, ɗa nai ba ya iya durƙuso. Nic ce kamar yaya? Sai yaz zamna ƙasa, yam miƙe ƙahwar hagu, yac ce in auna. Da nig gama yac ce in ƙara taƙi guda, ka ɗara shi tsawo."

Ashe ƙasar da na gani a bayan rigarsa ke nan.

Na taka tudun na sauka. Na zauna, na miƙe ƙafar hagu, ta shige daidai, har da ɗan saura. Ƙanena ya shiga ta wajen ƙafafu ya durƙusa. Aka miƙo mana Baba. Bai kai buhun yashin Dundaye nauyi ba. Na tallabi kansa na sunkuya daga ƙugu, muka kai shi ƙasa a hankali, kai kudu, na juya fuskarsa gabas, na sassauta ɗaurin, duk yadda ya yi ta faɗa mana. Na yi masa addu'ar da kowa ke yi.

Fitowa ce ta gagara. Ƙanena ne ya zo ta baya ya sa hannu a hammatana ya ɗaga ni, a gaban kowa, na bar shi ya ɗaga. Aka jera itace, aka toshe da laka, aka fara tura ƙasa. Gefen da na zauna ya ci ƙasa fiye da ɗayan, sai da masu shebur suka ƙara zagaye.

Mutane sun yi ta ce mini in gode wa Allah, na cika wa Baba burinsa. Na gode. Amma ni na san yadda aka yi. Abu ɗaya ya roƙe ni da zan tafi, ƙafafu biyu, na dawo masa da ɗaya da rabi, kuma da sanina. Shi ne da ciwonsa ya je ya zauna a ƙasar maƙabarta cikin rana yana auna mini wuri.

Ranar Juma'a nakan je ziyara. Ba na ɓata, ko ciyawa ta rufe wurin, domin kabarin ya fi na kusa da shi faɗi ta gefe guda. Sauran masu ziyara suna tsugunawa. Ni sai in zauna a ƙasa ta wannan gefen, in miƙe ƙafar.